An Yanke wa Ƙanena Hukuncin Kisa Bisa Shaidar Mai Shayi, Ina Mafita?

Tambaya:

Assalamu alaikum. Yau kwana 38 ke nan da babbar kotun jiharmu ta yanke wa ƙanena hukuncin kisa ta hanyar rataya. An ce shi ya daɓa wa wani matashi wuƙa a wani lungu na unguwarmu, wajen ƙarfe tara da rabi na dare, ranar kuma an ɗauke wuta. Mutum ɗaya ne ya ce ya gani da idonsa, wani mai shayi da ke bakin lungun. Mun ji cewa a daren ya gaya wa 'yan sanda samari uku ne kuma bai gane kowa ba, sai bayan kwana biyar ya ambaci sunan ƙanena, alhali ya san shi tun yana yaro. Akwai kuma takardar da aka ce ya amsa laifi a ciki. Da Turanci aka rubuta ta, shi kuwa karatun allo kawai ya yi, ya ce mana dukansa aka yi ya dangwala hannu. A daren yana tasha suna lodin albasa, amma ba a kira abokan aikinsa kotu ba. Yanzu mai shayin yana gaya wa mutane wai shi ma ba shi da tabbas. Kawunnanmu sun rabu biyu: wasu na cewa a lallaɓa shi ya yi takardar rantsuwa, wasu na cewa a je wa iyayen mamacin da maganar diyya. Ni ce babba a ɗakinmu, mahaifiyarmu ko abinci ta daina ci. Me ya kamata mu yi?

Wata baiwar Allah

Amsa:

Wa alaikumus salam, baiwar Allah. Allah Ya jiƙan wanda ya rasu, Ya ba iyayensa haƙuri, ku kuma Ya bayyana gaskiya a kan ɗan'uwanku.

Fara da kwantar wa Hajiya hankali da wannan: ba a zartar da hukuncin kisa a kan mutumin da ƙararsa take gaban kotun sama. Kotun Ƙoli ta yanke wannan magana tun 1986, a shari'ar Bello da Babban Lauyan Jihar Oyo, inda aka kashe wani fursuna alhali ya ɗaukaka ƙara ba a kai ga saurara ba, kotun ta ce an karya doka. To amma wannan kariya sai an shigar da ƙarar take aiki. Sashe na 24 na dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara ya ba da kwana 90 daga ranar hukunci, har da ranakun Asabar da Lahadi a cikin lissafin. Kun ci 38, saura 52. Idan suka wuce ana iya roƙon ƙarin lokaci, amma sai an rubuta takarda an rantse an kawo dalilin jinkiri, kuma wannan kaɗai kan cinye watanni. Tunda hukuncin kisa ne, sashe na 241 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba shi damar ɗaukaka ƙara kai tsaye ba tare da neman izinin kowa ba. A ofishin rajistaran babbar kotun da ta yi shari'ar ake shigar da takardar sanarwar, ba a kotun sama ba. Lauya ya kai masa ita gidan yari ya sa hannu ko ya dangwala yatsa da kansa, domin a baya an yi ta korar ƙararraki saboda wanda ya sa hannu kawai. Ba dole sai an gama tsara dukkan hujjoji ba. A shigar da abin da ke hannu yanzu, idan kundin shari'a ya fito a nemi izinin ƙara wasu.

Yanzu ga abin da yawancin iyalai ba su sani ba, kuma shi ne ginshiƙin amsarmu. Kotun Ɗaukaka Ƙara ba ta sake kiran shaidu. Alƙalai uku ne za su zauna, ba za su ga mai shayin ba, ba za su ji muryarsa ba, ba za su je lungun ba. Abin da ke gabansu kundi ne: takardar tuhuma, abin da alƙalin farko ya rubuta daga bakin kowane shaida, tambayoyin da lauyoyi suka yi, takardu da kayan da aka karɓa a matsayin hujja, jawaban lauyoyi, da hukuncin kansa. Duk abin da ba ya cikin wannan kundi, a idonsu bai faru ba, ko da duk unguwa ta san shi. Saboda haka kokwanton da zai kuɓutar da ƙanenki a cikin takarda za a nemo shi, shafi bayan shafi, ba a teburin mai shayi ba.

Wane irin kokwanto ake nufi? Sashe na 36(5) na Tsarin Mulki ya ce duk wanda ake tuhuma ba shi da laifi har sai an tabbatar. Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya ɗora wa masu gabatar da ƙara nauyin tabbatarwa har ya zama babu sauran kokwanto mai tushe. A laifin kisa ƙarƙashin sashe na 221 na Pinal Kod, wato kundin dokokin laifuka, wanda yawancin jihohin Arewa ke aiki da shi (Kaduna ta sake tsara nata a 2017, lambobin sassan suka canza), abu uku ake tabbatarwa: cewa mutum ya mutu, cewa aikin wanda ake tuhuma ne ya kashe shi, da cewa ya yi da niyyar kisa ko ya san mutuwa ce mafi kusantar biyo baya. A naku babu gardama a kan na farko. Faɗan yana kan na biyu: hannun wa ne? Sai dai kada a ɗauka kowane "wataƙila" kokwanto ne. Kotunanmu suna yawan kafa hujja da bayanin Lord Denning na Ingila a 1947, cewa ba a neman tabbacin da ya kore kowane irin zato, abin da ake nema shi ne hujja mai ƙarfin da abin da ya rage a gefen wanda ake tuhuma bai wuce yiwuwa mai nisa ba. Kokwanto mai tushe shi ne wanda za ki iya nuna shi da yatsa a cikin shaida, ki ce ga inda ya fito. Ba baƙon abu ba ne a wurinmu, malaman fiƙihu sun daɗe da ƙa'idar cewa ana kawar da haddi saboda shubuha, kuma mai da'awa shi ke kawo hujja.

Kin ce mutum ɗaya ne ya gani. Wannan shi kaɗai ba hujjar ɗaukaka ƙara ba ce. Sashe na 200 na Dokar Shaida bai ƙayyade yawan shaidu ba, kuma an sha tabbatar da hukuncin kisa bisa shaidar mutum guda idan kotu ta gamsu da shi. Abin dubawa shi ne ingancin ganin da ya yi. Mu kan ce gani ya kori ji, amma shari'a ta koyi da wahala cewa mai gaskiya ma yakan rantse a kan fuskar da ba ita ba ce. A Ingila an ɗaure wani mutum, Adolf Beck, a 1896, aka sake samunsa da laifi a 1904, duk bisa shaidar matan da suka rantse shi ne, daga baya aka kama ainihin mai laifin. Wannan abin kunya na daga cikin dalilan da suka sa aka kafa kotun ɗaukaka ƙarar manyan laifuka a can a 1907. A 1976 kuma, a shari'ar Turnbull, aka shimfiɗa tambayoyin da alƙali zai yi wa kansa kafin ya dogara da shaidar gane fuska, kuma Kotun Ƙolin Najeriya ta karɓe su, misali a shari'ar Ikemson ta 1989.

Bari mu ɗora waɗannan tambayoyin a kan mai shayinku. Taku nawa ne tsakanin teburinsa da inda aka yi kisan, goma ko hamsin? Tsawon wane lokaci ya kalli fuskar, daƙiƙa uku ta mai gudu ko minti biyar na masu cacar baki? Fuska ya gani ko ƙeya? Akwai masu shan shayi zaune a benci tsakaninsa da lungun? Me yake yi a lokacin, yana soya ƙwai kansa a sunkuye ko yana kallon hanya? Sai maganar haske, wadda a nan ce shaidar dare ta fi yin rauni. Mai shayi yana tsaye ne a cikin hasken ƙwan solarsa ko fitilarsa. Wannan haske yana nuna masa kofi da burodi da fuskar wanda ke zaune a gabansa, amma wanda idonsa ya saba da haske idan ya leƙa cikin duhu ba ya ganin komai sai inuwa. Wanda ke cikin lungun shi ke ganin mai shayi sarai, ba mai shayi ke ganinsa ba. Idan kuwa ya ce da farin wata ya gani, a duba kwanan watan Musulunci na wannan rana. Daren sha huɗu wata na sama tun magariba. Daren ashirin da bakwai kuwa ba ya fitowa sai gab da asuba, ƙarfe tara da rabi duhu ne ƙirin. Ƙari a kan haka, masu nazarin ƙwaƙwalwa sun nuna cewa idan aka zaro makami, idon mai kallo yakan tafi kan wuƙar ya bar fuskar. Lauya ya bi kundin ya ga ko an yi waɗannan tambayoyi, me shaidan ya amsa, sannan ko alƙali ya gargaɗi kansa ya auna su a hukuncinsa. Idan an yi jayayya a kan gane fuska, yanayin ganin kuma ba shi da kyau, amma hukuncin ya tsallake wannan ya ce kawai "na yarda da shaidar mai shayi", to ga hujja nan mai nauyi.

Masu gabatar da ƙara za su ce ai ya san yaron tun yana ƙarami, ba baƙuwar fuska ba ce. Gaskiya ne, kuma shi ya sa kada ku ɓata ƙarfinku a kan cewa ba a jera mutane an ce ya nuna mai laifi ba. Ana yin wannan jeri ne idan shaida bai san mutumin ba kafin ranar. Sai dai wannan sanin da suke taƙama da shi takobi ne da zai iya juyowa kansu. Wanda ya san mutum tun yana yaro, ya gan shi ya yi kisa, me zai hana shi faɗin sunansa a daren? A shari'ar Abudu ta 1985 Kotun Ƙoli ta ce idan mai shaidar gani da ido bai ambaci sunan wanda ya sani ba a damar farko da ya samu, dole kotu ta yi taka-tsantsan da ambaton da ya yi daga baya, sai in ya kawo gamsasshen bayani. A cikin kwana biyar mutum ya ji jita-jitar unguwa, ya ji wanda ake zargi, wataƙila ya ga wanda aka kama a bayan kanta. Ƙwaƙwalwa takan cike gurbin abin da ido bai gani ba da abin da kunne ya ji, mai ita kuma bai san ta yi ba. Wannan, a ganinmu, shi ne mafi ƙarfin abin da kika kawo. Amma ki shirya wa ɗayan gefen: idan ya gaya wa kotu cewa tsoron 'yan daba ne ya sa ya yi shiru, alƙali kuma ya karɓa, hujjar ta ragu, ko da yake ba ta mutu ba, domin cewa "ina tsoro" daban, cewa "ban gane kowa ba" daban. Kuma bayanin dole daga bakin shaidan zai fito. A shari'ar Onubogu ta 1974 kotu ta ce ba aikin lauyan gwamnati ko alƙali ba ne su ƙirƙiro wa shaida bayanin saɓanin da ke cikin maganarsa.

Kalma biyu a wasiƙarki su suka fi damun mu: "mun ji". Kun ji ya gaya wa 'yan sanda bai gane kowa ba. Shin wannan bayanin farko yana cikin kundi a matsayin hujjar da kotu ta karɓa ta sa mata lamba? Kasancewarsa cikin takardun da aka liƙa wa tuhuma bai isa ba, waɗancan ba shaida ba ne. Sashe na 232 na Dokar Shaida ya tsara yadda ake yi: a lokacin tambayoyin titsiye lauya zai nuna wa shaida takardar, ya karanta masa wurin da ya saɓa, ya ba shi dama ya yi bayani, sannan a miƙa ta ga kotu. Idan lauyanku na farko ya yi haka, kuna da abin riƙewa. Idan bai yi ba, alƙalan sama ba za su buɗe ta da kansu ba, kuma ƙa'ida ce cewa maganar da ba a ƙalubalanta ba lokacin titsiye ana ɗaukar an yarda da ita. Ko a nan ma kada a yanke ƙauna, a duba shaidar ɗan sandan da ya yi bincike. Sau da yawa shi da bakinsa yake faɗin ranar da aka fara kawo masa sunan wanda ake zargi, da ranar da ya yi kamu. Idan kisa ya faru ranar 3 ga wata, mai shayi ya ba da bayani a daren, amma ba a nemi ƙanenki ba sai ranar 8, kwanakin da kansu suna magana. Haka kuma idan an nemi bayanin farkon masu gabatar da ƙara suka ƙi fito da shi, sashe na 167(d) ya ba kotu damar ɗauka cewa da an kawo shi da bai yi musu daɗi ba.

Ba kowane saɓani ne ke rusa shaida ba. Wani ya ce ƙarfe tara, wani ya ce tara da kwata, wani ya ce riga shuɗiya, wani ya ce baƙa: kotu takan ce wannan halin ɗan Adam ne, har ma ta ce shaidun da maganarsu ta zo ɗaya sak su ne abin zargi. Saɓanin da ke aiki shi ne wanda ya taɓa zuciyar tuhuma, kamar wa ya riƙe wuƙar, su nawa ne, shaidan yana wurin ko daga baya ya zo. Lauyan da ya cika takardarsa da ƙananan saɓani ashirin yana binne manyan guda biyu ne.

Sai takardar amsa laifi, kuma a nan za mu gaya miki gaskiya ko da ba daɗi. Ko da shaidar mai shayi ta rushe gaba ɗaya, kotu na iya tabbatar da hukunci bisa iƙirarin mutum shi kaɗai, idan ta gamsu da son ransa ya yi kuma maganar a fili take. Don haka ƙafa biyu hukuncin yake tsaye a kai, dole a sare duka biyun. Sashe na 29 na Dokar Shaida ya hana karɓar iƙirarin da aka samu ta hanyar azabtarwa. Amma lokacin ƙorafi shi ne daidai sa'ar da lauyan gwamnati ya miƙa takardar. Idan lauyan wanda ake tuhuma ya miƙe ya ce an tilasta shi, sai a dakata a yi ƙwarya-ƙwaryar shari'a a kan wannan batu kaɗai, kuma masu gabatar da ƙara ne za su tabbatar ba a tilasta shi ba. Idan aka yi shiru aka karɓa, sai da ya zo kare kansa ya ce an doke shi, yawanci kotu kan ce ya makara. Akwai kuma bambanci tsakanin "na faɗa amma dukana aka yi" da "ban faɗi haka ba sam". Na biyun ba ya jawo ƙwarya-ƙwaryar shari'a, ana karɓar takardar ne a auna nauyinta a ƙarshe, a ga ko akwai wani abu daga waje da ke gaskata ta, ko ta dace da rahoton likita da sauran hujjoji, ko ma yana da damar aikata abin.

Batun harshe yana iya fin batun duka amfani a gare ku. Da Hausa ƙanenki ya yi magana, takarda kuma da Turanci take. Wa ya fassara? Idan ɗan sanda ɗaya ya yi tambaya, wani ya yi tafinta, to dole a kira su duka biyun kotu, in ba haka ba takardar ta zama ji-ta-ji-ta, kuma Kotun Ƙoli ta sha watsar da irinta. Idan an fara rubutawa da Hausa aka juya, ina ta Hausar? An rubuta a ƙasan takardar cewa an karanta masa da harshen da yake ji kafin ya dangwala? Sannan dokar gudanar da shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015 ta yi tanadin ɗaukar irin wannan bayani a bidiyo da kuma a gaban lauya ko wani da mutumin ya zaɓa, jihohi kuma sun yi nasu, kamar Kaduna a 2017 da Kano a 2019. Lauya ya duba abin da dokar jiharku ta ce a ranar da aka ɗauki bayanin, da ko an bi.

Maganar tasha da lodin albasa kuwa, ƙarfinta ya dogara ga lokacin da ya fara faɗin ta. Ƙa'ida ita ce mutum ya gaya wa 'yan sanda tun farko, da cikakken bayani: wace tasha, motar wa, da su wa, daga ƙarfe nawa zuwa nawa. In ya yi haka, wajibi ne su bincika, rashin binciken kuma na iya zama kokwanto a gefensa, musamman idan shaidar da ta ajiye shi a wurin kisan mai rauni ce. In kuwa sai a akwatin shaida ya fara faɗa, ko ya ce "ina tasha" kawai ya tsaya, kotu ba ta ba ta nauyi. Kawo abokan aikinsa yanzu abu ne mai wuya, domin sabuwar shaida a kotun sama sai an nemi izini, kuma sharaɗin farko shi ne a nuna ba a iya samunta ba lokacin shari'ar farko duk da ƙoƙari. Mutanen da suke tasha kullum ba su cika wannan sharaɗi ba.

Wannan ya kawo mu ga shawarar kawunnanki ta farko. Muna roƙonku da girman Allah kada wani daga danginku ya je wurin mai shayin nan, ko ya aika, ko ya ba shi ko sisi, ko da sunan kuɗin mota. Garin neman gira za a rasa ido. Kotuna suna kallon shaidan da ya janye maganarsa bayan hukunci da matuƙar zargi, tambayar farko da za a yi ita ce wa ya same shi, me aka ba shi. Da zarar an ji ƙafar dangi a ciki, takardar rantsuwar ta zama shara, wanda ya je yana iya fuskantar tuhumar shirya shaidar zur, kuma an shafa wa ƙarar baƙin fenti a idon alƙalai. Shi kansa mai shayin yana jefa kansa cikin haɗarin tuhumar rantsuwa kan ƙarya, don haka yana buƙatar nasa lauyan daban. Abin da za ku yi shi ne ku rubuta sunayen waɗanda suka ji ya faɗa, da rana da wuri da ainihin kalmominsa, ku miƙa wa lauya, shi ya san ko akwai hanyar da ta dace. Ku lura kuma, "ba ni da tabbas" da ake faɗa a majalisa sau da yawa yakan koma "ni ban ce ba" idan aka ga takarda da biro.

Zuwa wurin iyayen mamaci ta'aziyya da neman zaman lafiya abu ne mai kyau, sun rasa ɗa, kuma zafinsu bai gaza naku ba. Amma ku san matsayinsa a doka. Da a kotun shari'ar Musulunci aka yi hukuncin ƙisasi, da yafewar magada ko karɓar diyya na iya sauke kisan. A babbar kotu ƙarƙashin Pinal Kod gwamnati ce mai ƙara, yafewar iyaye ba ta soke hukunci. Inda take amfani shi ne wajen neman afuwar gwamna a ƙarƙashin sashe na 212 na Tsarin Mulki, bayan ya ji shawarar kwamitin jinƙai na jiha. Wannan ƙofa ce ta baya, ba ta yanzu ba. Kuma tayin diyya alhali kuna cewa bai yi ba yana iya zama kamar amsa laifi a idon jama'a, saboda haka kada a furta adadi ko a rubuta wata yarjejeniya sai lauya ya gani.

Kin so ki ji ko za a ci nasara. Ba wanda zai gaya miki haka da gaskiya bai karanta kundin ba, Hausawa sun ce shari'a mace ce da ciki. Ki sani kotun sama ba ta cika taɓa abin da alƙalin farko ya yanke game da gaskiyar shaida ba, saboda shi ya ga fuskarsa ya ji rawar muryarsa. Tana shiga ne idan ya zama hukuncin ya saɓa wa abin da ke rubuce, ko ya rufe ido ga wata hujja mai muhimmanci, ko ya yi amfani da ƙa'idar da ba ita ba. Don haka hujjar lauya ba za ta zama "mai shayi maƙaryaci ne" ba. Za ta zama "a shafi kaza shaida ya yarda babu wuta, a shafi kaza ɗan sanda ya ce sai rana ta biyar aka kawo suna, hukuncin kuma bai ce komai a kan ko ɗaya ba". Ko an sami kuskure ma, kotu na iya barin hukuncin idan ta ga kuskuren bai jawo tauye adalci ba. Abin da ka iya fitowa huɗu ne: a sallame shi a wanke shi, a mai da laifin zuwa kisan da ba na hukuncin kisa ba ƙarƙashin sashe na 224 a ba shi ɗauri, a ce a sake shari'ar daga farko a gaban wani alƙali (wannan yakan faru idan matsalar ta tsari ce, kamar rashin karanta masa tuhuma da fassara ta yadda ya kamata), ko a kori ƙarar. In an kora, akwai Kotun Ƙoli, amma can kwana 30 ne kacal, ba 90 ba, kuma ta fi tsauri wajen taɓa abin da kotuna biyu suka haɗu a kai. Wannan ya sa zagayen da kuke shiga yanzu shi ne wanda ya kamata a zuba wa dukkan ƙarfi.

Game da lauya, ku nemi wanda ya saba rubuta takardun hujja a Kotun Ɗaukaka Ƙara a shari'ar laifuka, domin a can rubutu ne ke yin faɗan, tsayuwa gaban alƙalai 'yan mintuna ne. Bayan kundi ya isa, ɓangarenku na da kwana 45 ya shigar da nasa, gwamnati kwana 30 ta mayar da martani, ku kuma 14 ku amsa sabon abin da ta kawo. Sau da yawa sabon ido ya fi, saboda wanda ya yi shari'ar farko zai yi nauyin bakin nuna inda shi kansa ya yi sakaci, amma ku rabu da shi lafiya, fayil ɗinsa kuna buƙata. Idan babu hali, ku je ofishin Hukumar Legal Aid (mai ba marasa hali lauya) na jiharku ko reshen Ƙungiyar Lauyoyi ta Najeriya ku nemi mai yi kyauta. Duk wanda ya zo ya ce ya san wani alƙali, a kawo kuɗi a gyara, ɗan damfara ne, irinsu suna shawagi a kan iyalan da ke cikin irin halinku. Kowane kuɗi aka biya a kotu a karɓi rasit.

Cikin makon nan ki nemi kwafin hukuncin mai hatimin kotu, haƙƙinsa ne a ƙarƙashin sashe na 36(7). Ki karɓo fayil daga lauyan farko, har da takardun da aka ba shi tare da tuhuma. Idan kin je ziyara gidan yari, ki sa ƙanenki ya ba ki labarin ranar da aka kama shi daki-daki: wa ya yi masa tambaya, da wane harshe, su wa ke ɗakin, ko ya ambaci tasha a ranar, ko an kai shi asibiti, ko akwai tabon da ya rage a jikinsa. Ki rubuta a littafi guda da kwanan wata. Sannan ki riƙa bibiyar ofishin rajistara a kan haɗa kundin, domin a nan ne ƙararraki suka fi kwana, wani lokaci saboda rubutun hannun alƙali da ba a buga ba, wani lokaci saboda wata takardar hujja da ta ɓace a ma'ajiya. Idan kundin ya fito, kafin a tura shi, lauya ya ƙirga shafukan ya tabbatar shaidar mai shayi da tambayoyin da aka yi masa suna ciki cif, da bayaninsa na daren farko in an karɓe shi, da takardar iƙirarin, ta Turanci da ta Hausa in akwai.